Gidan Agwagi da Baƙar Tawada: Badaƙalar Alawus a Majalisar Birtaniya

Ɗan majalisar dokokin Birtaniya mutum ne mai gida biyu, kuma ba don ƙawa ba. Majalisa tana zama a Westminster, cikin birnin Landan, mazaɓarsa kuwa tana iya kasancewa can ƙuryar arewacin Sikotland, tafiyar yini guda a jirgin ƙasa. Daga Litinin zuwa Alhamis yana zauren majalisa, a da har tsakar dare ake kaiwa ana muhawara. Juma'a da Asabar yana mazaɓa yana sauraron koken waɗanda suka zaɓe shi. Dole ya sami wurin sa haƙarƙari nan da can. Shi ya sa a 1971 aka ƙirƙiro wani alawus na musamman domin ɗaukar nauyin gida na biyu. Ba wanda zai ce wannan rashin hankali ne, domin in babu shi sai masu hannu da shuni kaɗai ke iya tsayawa takara.

Abin da ya lalata shi kuwa, tsoron gwamnatoci ne. Duk sa'ad da aka zo maganar ƙara wa 'yan majalisa albashi, sai firaminista mai ci ya ja da baya, don ya san jaridu za su yi masa ca. Albashi abu ne da kowa ke gani, alawus kuwa yana cikin aljihun tebur. Da tafiya ta yi tafiya sai aka yi wata yarjejeniya wadda ba a rubuta ta ko'ina ba: albashi ya tsaya inda yake, alawus ya riƙa hawa, ofishin da ke biya kuma ya rage yawan tambaya. Zuwa 2009 albashin ɗan majalisa ya kai fam 64,766 a shekara, alawus ɗin gida na biyu kuma, a shekarar kuɗi ta 2008 zuwa 2009, yana iya kaiwa fam 24,006, ba haraji a kansa. Sabon ɗan majalisa in ya iso, tsofaffin hannu ke nuna masa hanya, kuma da yawa sun ɗauki wannan kuɗi a matsayin cikon albashinsu, haƙƙinsu ne, rasit kawai ake nema don a cika takarda.

A lokacin akwai ƙa'idoji, ba a ce babu ba. Suna cikin wani kundi da ake kira Koren Littafi, wanda ya ce ba a biyan komai sai abin da aikin majalisa ya wajabta. Amma 'yan majalisar ne suka rubuta kundin, su ne ke gyara shi, kuma ma'aikatan ofishin biyan alawus a ƙarƙashinsu suke. Ƙaramin akawu ba ya iya kallon idon minista ya ce masa wannan ba ta halatta ba, sai fa in abin ya yi muni ƙwarai. Har zuwa watan Afrilun 2008, duk abin da bai kai fam 250 ba ana biyansa ba tare da rasit ba. Kuɗin abinci fam 400 ne a wata, shi ma ba rasit, ko majalisa tana hutu. Domin sanin iyakar abin da za a biya kan kayan ɗaki, ofishin yana da wani jeri na sirri da ya ɗauko daga farashin kantin John Lewis: talabijin har fam 750, sabon kicin har fam 10,000. Mafi girman ƙofa kuwa ita ce wannan: ɗan majalisa da kansa ke faɗin wanne ne babban gidansa, wanne ne na biyu, kuma yana iya sauya magana duk lokacin da ya ga dama.

Wadda ta fara taɓa wannan ƙofa wata 'yar jarida ce mai suna Heather Brooke. A Amurka ta tashi, iyayenta 'yan Ingila ne, kuma ta taɓa aikin ɗauko rahoto a majalisar jihar Washington. A can, in ɗan jarida ya nemi rasit na 'yan majalisa, sai a miƙo masa kwali ya zauna ya duba. Da ta dawo Birtaniya ta nemi irin wannan a 2004, sai ta tarar da bango. Gwamnatin Tony Blair ta riga ta kafa dokar 'yancin samun bayanai tun 2000, ta fara aiki sosai a watan Janairun 2005, don haka Brooke ta shigar da buƙatarta a ƙarƙashin dokar. Wasu 'yan jarida biyu, Ben Leapman na Sunday Telegraph da Jonathan Ungoed-Thomas na Sunday Times, su ma suka shigar da tasu. Hukumomin majalisa suka ƙi, suka ce wannan shiga sirrin mutane ne.

Shekara huɗu aka yi ana jan igiya. A 2007 wani ɗan majalisa na jam'iyyar masu ra'ayin riƙau ta Conservative, David Maclean, ya kawo ƙudurin da zai cire majalisa baki ɗaya daga cikin dokar. Majalisar Wakilai ta amince da shi a watan Mayu. Da ya isa Majalisar Dattawa sai aka rasa ko mutum ɗaya da zai ɗauki nauyinsa, ya mutu a nan. A watan Fabrairun 2008 kotun sauraron ƙorafi kan bayanai ta ba da umarnin a fitar da cikakkun takardun 'yan majalisa 14, ciki har da Blair, da Gordon Brown wanda ya gaje shi a kujerar firaminista, da David Cameron shugaban Conservative. Hukumomin majalisa, ƙarƙashin Kakaki Michael Martin, suka ɗaukaka ƙara da kuɗin jama'a. Ranar 16 ga Mayun 2008 Babbar Kotu ta yi watsi da ƙarar, har ta ce adireshin gidajen ma ba abin ɓoyewa ba ne.

A nan ne aka yi wani abu da mutane da yawa ba su lura da shi ba a lokacin. Cikin watan Yulin wannan shekarar majalisa ta zartar da wani oda da ya cire adireshin 'yan majalisa daga cikin abin da za a iya nema. Hujjar ita ce tsaro, kuma hujjar ba ƙarya ba ce tsagwaronta, don an taɓa kai wa 'yan majalisa hari. Sai dai duk wanda ya san yadda alawus ɗin ke aiki ya san cewa in aka rufe adireshi, an rufe komai. Rasit zai nuna an sayi kujera, an gyara rufi, an biya kuɗin ruwan bashin gida. Ba zai nuna cewa gidan da aka gyara bana ba shi ne aka gyara bara ba. A watan Janairun 2009 gwamnati ta sake gwada sa'arta: Harriet Harman, jagorar majalisa, ta gabatar da buƙatar a keɓe takardun alawus daga dokar gaba ɗaya. Da 'yan adawa suka janye hannu, jama'a kuma suka taso, Brown ya janye buƙatar. Aka tsai da shawarar za a wallafa takardun cikin bazarar 2009, bayan an tace su.

Kafin nan an riga an fara jin ƙauri. A farkon 2008 an dakatar da Derek Conway na kwana goma saboda ya sa ɗansa cikin masu karɓar albashi a matsayin mai bincike, alhali yaron yana karatu a jami'ar Newcastle. A farkon 2009 aka gano cewa Jacqui Smith, ministar harkokin cikin gida, ta rubuta gidan 'yar'uwarta da take kwana a Landan a matsayin babban gidanta, gidan da mijinta da 'ya'yanta ke zaune a Redditch kuma ya zama na biyu, wato wanda gwamnati ke ɗaukar nauyi. Sai kuma a watan Maris aka ga cewa cikin kuɗin talabijin da intanet da ta nema har da na finafinan batsa biyu da maigidanta ya kalla. Ya fito ƙofar gida ya karanta takardar neman afuwa a gaban 'yan jarida. Cikin takardunta har da abin toshe bahon wanka na kwabo 88.

Aikin tace takardun an ba da shi ne ga wani ofishin ɗab'i, inda ma'aikata ke zaune suna bin rasit ɗaya bayan ɗaya a kwamfuta suna shafe abin da aka ce su shafe. Kamar yadda 'yan jaridar da suka bi labarin, Robert Winnett da Gordon Rayner, suka bayyana daga baya a littafinsu, cikin masu gadin wurin akwai sojoji da ke hutu tsakanin zuwa fagen daga a Iraƙi da Afganistan, suna aikin gadi don su tara abin sayen kayan kariya da suke ganin gwamnati ba ta wadata su da shi ba. Mutum yana tara kuɗin rigar sulke, ga shi yana ganin rasit na gyaran lambun waɗanda suka tura shi yaƙi. Wani daga cikin masu aiki a wurin ya kwafe komai, ba tare da an shafe ko harafi ba, a kan faifan kwamfuta. Har yau ba a bayyana sunansa ba. Wanda ya yi dillancin faifan wani tsohon hafsan rundunar SAS ne, John Wick. Ya zaga da shi gidajen jaridu, wasu suka ji tsoro, wasu suka so su tsinci na manyan mutane kawai. Sharaɗinsa shi ne a fallasa kowace jam'iyya, ba zaɓe. Jaridar Daily Telegraph, ƙarƙashin editanta Will Lewis, ta amince, ta biya fam 110,000.

Aka killace wani ƙaramin ayarin 'yan jarida a wani ɗaki na ofishin jaridar, aka hana su faɗa wa ko abokan aikinsu abin da suke yi. Takardun sun haura miliyan ɗaya, na shekara huɗu, na 'yan majalisa 646. Abin da suka fi mai da hankali a kai ba farashin kaya ba ne. Adireshi suke bi, suna gwada shi da rajistar filaye da gidaje ta ƙasa, su ga wa ya mallaki gidan, yaushe aka saya, yaushe aka sayar, yaushe aka gama biyan bashinsa.

Ranar Juma'a 8 ga Mayun 2009 kashi na farko ya fito, kuma da majalisar ministoci aka fara. Brown ya biya ɗan'uwansa fam 6,577 na mai shara da suke amfani da ita tare. Alistair Darling, ministan kuɗi, ya sauya gidan da yake kira na biyu sau huɗu cikin shekara huɗu. Hazel Blears ta gaya wa majalisa cewa wani gidanta na Landan shi ne na biyu, ta karɓi alawus a kansa, sannan da ta sayar da shi aka lissafa shi a matsayin babban gida wajen hukumar haraji, don haka ba ta biya harajin ribar sayarwa ba. Ba ta karya doka ba, kuma nan ne gizo ke saƙar. Dabarar mai sauƙi ce: ka kira gidan Landan na biyu, ka gyara shi da kuɗin jama'a, ka sayar ka ci riba, sannan ka mai da sunan kan gidan mazaɓa ka fara nasa gyaran. Da hayaniya ta yi yawa, Blears ta fito a talabijin tana ɗaga cek na fam 13,332 da ta rubuta wa hukumar haraji. Ta yi nufin nuna nadama, masu kallo kuwa abin da suka gani shi ne mace mai iya rubuta cek na kuɗin da wasunsu ba sa samu a shekara, tana murmushi.

Kwana uku ana dukan jam'iyyar Leba mai mulki, har wasu suka fara cewa ai jaridar ta masu ra'ayin riƙau ce, aikin siyasa take yi. Ranar Litinin sai ta juya kan 'yan Conservative, kuma nasu ya fi ban dariya. Cameron ya nemi fam 680 na gyare-gyare, ciki har da sare wani furen da ya nannaɗe bututun hayaƙin gidansa. David Willetts ya nemi kuɗin ma'aikacin da ya canza masa ƙwan lantarki 25. Oliver Letwin ya gyara bututun ruwa da ya fashe a ƙarƙashin filin wasan tanis nasa. David Heathcoat-Amory ya kawo rasit na kashin doki da aka zuba wa lambunsa taki. Douglas Hogg, ɗan babban gida, ya aika da jerin abin da yake kashewa a kan gidan gonarsa na Lincolnshire, ciki har da fam 2,115 na yashe ramin ruwan da ya kewaye gidan, irin gwalalon da ake haƙawa a bayan ganuwa. Ya dage cewa bai nemi kuɗin ramin kai tsaye ba, jerin kawai ya nuna, amma ya mayar da kuɗin.

Sai gidan agwagi. Sir Peter Viggers, mai wakiltar Gosport, ya miƙa takardar fam 1,645 na wani ɗan ƙaramin gida na katako, mai ƙofofi da tagogi da rufi, wanda ke yawo a kan ruwan tafkin lambunsa don agwagi su riƙa kwana ciki kada yanyawa ta kama su. Hotonsa ya zaga duniya, ya zama tambarin badaƙalar baki ɗaya. Abin lura shi ne, wani ma'aikaci a ofishin biya ya rubuta a gefen takardar cewa wannan ba ta halatta ba. Abin da aka fi tunawa da shi ke nan, kuma shi ne wanda akawu ya tare. Viggers ya ce daga baya agwagin ma ba su taɓa son gidan ba. Cameron ya ba shi zaɓi, ya sauka a zaɓe mai zuwa ko a kore shi, ya zaɓi sauka.

A ganina wannan ya nuna yadda fushin jama'a ke aiki. 'Yan watanni kafin nan, a watan Oktoban 2008, gwamnati ta zuba biliyoyin fam don ceto bankuna irin su Royal Bank of Scotland, mutane suna rasa ayyuka da gidaje. Biliyan ba ta da siffa a ido. Abincin kare na fam huɗu da 'yan kai, wanda Cheryl Gillan ta nema, kowa ya san shi, don kowa na saya da guminsa. Shi ya sa ƙananan abubuwa suka fi cin rai, manyan kuwa, irin ribar sayar da gida da ta kai dubban fam, suka wuce da ɗan sauƙi. An auna laifi da yawan dariyar da ya jawo, ba da yawan kuɗin ba.

Amsar da 'yan majalisar suka riƙa bayarwa iri ɗaya ce, kamar an haɗa baki: ban saɓa ƙa'ida ba, ofishin biya ya amince. Kusan duk gaskiya suke faɗa, kuma kowace faɗa ƙara wa wutar fetur take. A shirin BBC na tambaya da amsa da aka yi a garin Grimsby ranar 14 ga Mayu, masu sauraro suka yi wa minista Margaret Beckett ihu har ta kasa ƙarasa magana. Anthony Steen, mai wakiltar Totnes, wanda ya karɓi sama da fam 87,000 cikin shekara huɗu kan katafaren gidansa, ya shiga rediyo ya ce hassada ce kawai ke damun mutane, domin gidansa babba ne har wasu na cewa ya yi kama da fadar Sarauniya ta Balmoral, kuma wane ne ya ba jama'a izinin leƙa rayuwarsa? Daga baya ya nemi gafara. Andrew MacKay da matarsa Julie Kirkbride, dukansu 'yan majalisa, sun raba aiki: shi ya kira gida ɗaya na biyu, ita ta kira ɗayan, sai ya zama duka gidajen biyu jama'a ke ɗauke da su, babu babba ko ɗaya.

Ba kowa ne ya tsoma hannu ba, kuma jaridar da kanta ta fitar da jerin waɗanda ta wanke. Garin Luton ya ba da misali mai kyau, don yana da 'yan majalisa biyu, duka 'yan Leba. Kelvin Hopkins kullum jirgin ƙasa yake shiga zuwa Landan ya dawo gida ya kwana, abin da ya nema na gida na biyu bai taka kara ya karya ba. Margaret Moran kuwa ta karɓi fam 22,500 don maganin ruɓewar katako a wani gida da ke Southampton, kimanin mil 100 daga mazaɓarta, wanda ta mai da shi na biyu 'yan kwanaki kafin ta miƙa takardar. Gari ɗaya, jirgi ɗaya, kundin ƙa'ida ɗaya.

Kakaki Michael Martin bai karanci yanayin ba. Mutumin Glasgow ne, ɗan talakawa, maƙerin kwano kafin ya shiga siyasa, kuma ya daɗe yana jin cewa 'yan boko na majalisa da na jaridu suna raina shi, wanda akwai ƙamshin gaskiya a ciki. Ranar 11 ga Mayu, maimakon ya yi magana kan abin da aka gano, sai ya mai da hankali kan wanda ya fitar da faifan, ya kuma yi wa 'yar majalisa Kate Hoey tsawa a zauren don ta ce kiran 'yan sanda ɓata kuɗi ne. Ɗan majalisa Douglas Carswell ya tattara sa hannu kan ƙudurin rashin amincewa da shi. Ranar 18 ga wata 'yan majalisa suka riƙa miƙewa ɗaya bayan ɗaya suna ce masa ya sauka, a gaban idonsa, abin da ba a saba gani ba. Kashegari ya yi jawabin da bai kai minti ɗaya ba, ya ce zai bar kujerar ranar 21 ga Yuni. Rabon da a tilasta wa kakaki sauka tun 1695, lokacin da aka kama Sir John Trevor da karɓar toshiyar baki. John Bercow ya gaje shi.

Farkon watan Yuni ministoci suka fara zubewa. Smith ta ce za ta tafi, Blears ta ajiye aiki ana jajibirin zaɓe. A zaɓen majalisar Turai na 4 ga Yuni jam'iyyar Leba mai mulki ta zo ta uku, a bayan UKIP, jam'iyyar BNP mai ƙyamar baƙi kuma ta sami kujeru biyu a karon farko. Kowace jam'iyya ta kafa kwamitin hukunta nata, kuma hukuncin bai zo daidai wa daida ba. Ian Gibson na Norwich, wanda ya sayar wa 'yarsa gidansa na Landan a farashi mai rahusa, an hana shi sake takara, ya yi fushi ya ajiye kujerar nan take, Leba ta rasa ta a zaɓen cike gurbi. Mutane da dama sun lura cewa masu taurin kai na kujerun baya ne takobin ya fi ci, na kusa da shugabanni kuwa cek suka rubuta suka ci gaba da zama.

Ranar 18 ga Yuni majalisa ta wallafa nata kwafin a intanet, wanda aka shekara ana tacewa. Shafi bayan shafi baƙar tawada ce, wani ma ba abin da ya rage sai adadin kuɗi a ƙasa. An rufe adireshi, an rufe wasiƙun da aka yi tsakanin 'yan majalisa da ofishin biya, an cire buƙatun da aka ƙi biya. Da wannan kwafin kaɗai aka samu, da ba wanda ya ji labarin sauya gida, ko gidan Southampton, ko gidan agwagi. Waɗanda suka zargi jaridar da sayen kayan sata, suna cewa ai da ma za a wallafa, sun yi shiru daga ranar.

Gyara ya zo da gaggawa. Cikin watan Yuli aka kafa dokar da ta samar da hukuma mai zaman kanta, IPSA, wadda ta karɓe biyan alawus daga hannun majalisa, daga baya har da tsai da albashi. Kwamitin Sir Christopher Kelly ya ba da shawarar a daina biyan kuɗin ruwan bashin gida, a koma haya kawai, a kuma daina ɗaukar iyali aiki. Ta farko ta tabbata, ta biyu sai a 2017 aka aiwatar, ita ma kan sababbin shiga. Aka ɗauko wani tsohon babban ma'aikacin gwamnati, Sir Thomas Legg, ya bi takardun shekara biyar. Ya ƙirƙiro nasa ma'auni, fam 2,000 a shekara na shara, fam 1,000 na lambu, ya ɗora shi kan shekarun da suka wuce, abin da 'yan majalisa suka ce zalunci ne, kuma a wannan suna da hujja. Brown ya mayar da fam 12,415. Rahoton da ya fito ranar 4 ga Fabrairun 2010 ya nemi kusan mutum 390, fiye da rabin waɗanda aka bincika, su mayar da jimlar fam miliyan 1.12. Binciken kansa ya ci fam miliyan 1.16.

Kashegarin fitowar rahoton, daraktan gabatar da ƙararraki na lokacin, Keir Starmer, wanda ya zama firaminista a 2024, ya sanar da tuhumar farko. Waɗannan ba masu fakewa da ƙa'ida ba ne, masu ƙirƙirar takarda ne. Elliot Morley, tsohon minista, ya ci gaba da karɓar kuɗin bashin gidan da ya riga ya gama biya. David Chaytor ya karɓi kuɗin hayar gidan da shi ne mai shi. Jim Devine ya kawo rasit na bogi na shara da ɗab'i. Lauyoyinsu suka ɗauko dokar 1689 wadda ta hana kotu tuhumar abin da aka yi cikin zaman majalisa, suka ce takardar neman alawus ma aikin majalisa ce. Kotun Ƙoli ta yi watsi da wannan a watan Nuwamban 2010. Cikin 2011 aka ɗaure Chaytor wata 18, Morley da Devine wata 16 kowannensu, Eric Illsley wata 12. Daga Majalisar Dattawa, Lord Taylor na Warwick ya sami wata 12, Lord Hanningfield wata 9, dukansu kan ƙaryar wurin kwana da tafiye-tafiye. Moran likitoci suka ce ba ta da lafiyar fuskantar shari'a, amma a 2012 kotu ta tabbatar ta karɓi sama da fam 53,000 ba bisa haƙƙi ba. Denis MacShane ya bi sahu a ƙarshen 2013 da wata shida.

A zaɓen 6 ga Mayun 2010 'yan majalisa 149 ba su sake tsayawa ba, adadin da ba a ga irinsa ba tun bayan yaƙin duniya na biyu. Amma waɗanda suka daure suka tsaya, akasarinsu ba su sha wuyar da aka yi zato ba. Smith ta faɗi a Redditch, Blears kuwa ta ci a Salford. Masu jefa ƙuri'a sun tsine wa 'yan majalisa a dunƙule, sannan da yawa suka koma suka zaɓi jam'iyyar da suka saba. Sabuwar gwamnatin haɗin gwiwa ta Cameron ba ta cika wata guda ba sai da guguwar ta ɗauke mata minista: David Laws ya yi kwana 17 a ma'aikatar kuɗi ya sauka, bayan an gano ya karɓi kimanin fam 40,000 na hayar ɗaki a gidan abokin zamansa.

Tsohuwar ɗabi'a ta sake leƙowa a 2014. Kwamishinar da ke kula da ɗa'ar 'yan majalisa ta binciki Maria Miller, ministar al'adu, ta ba da shawarar ta mayar da fam 45,000. Kwamitin 'yan'uwanta 'yan majalisa ya zauna ya rage shi zuwa fam 5,800, ya ce ta nemi afuwa. Ta miƙe a zaure ta yi hakan cikin daƙiƙa 32. Bayan kwana shida ta ajiye muƙamin. A shekarar ne kuma aka dakatar da Lord Hanningfield, wanda ya koma kujerarsa bayan fitowa daga kurkuku, saboda wata jarida ta ɗauki hotonsa yana shiga majalisa ya fito cikin 'yan mintoci don ya karɓi alawus ɗin zama na fam 300 a rana.

A 2015 hukumar IPSA ta ƙara albashin ɗan majalisa da kashi 10 cikin 100, zuwa fam 74,000, ta kuma rage wasu alawus da kuɗin fansho. Shugabannin jam'iyyu duk sun ce ba su yarda ba, amma doka ta riga ta cire maganar daga hannunsu, ƙarin ya wuce. Cikin watan Agustan wannan shekarar Cameron ya fitar da sunayen waɗanda za a naɗa Majalisar Dattawa, kuma a ciki akwai Douglas Hogg.